Yadda Za Ka Gane Tarkon 'Yan Damfara Kafin Ka Sayi Kuɗin Kirifto

Tambayar da ta fi kowace muhimmanci kafin ka sayi sabon sulallan kirifto ita ce: ranar da na tashi sayarwa, wa zai saya, kuma za a ma bar ni in sayar?

Wani makirci da ya zama ruwan dare shi ne na kumbura farashi. Wasu kan tara sulalla marar daraja tun yana da araha, sannan su cika Telegram da X da labarin cewa ya kusa tashi, wani lokaci har su biya masu ɗimbin mabiya su tallata shi. Da zarar jama'a sun yi rububin saye, farashi ya haura, sai su juye duk abin da ke hannunsu, su bar 'yan baya da kayan da babu mai so. Saboda haka ka buɗe shafin binciken blokcen (kundin intanet da ke adana bayanan duk cinikin kirifto), kamar Etherscan ko BscScan, ka duba jerin masu riƙe da sulallan; idan walat (asusun ajiyar kirifto) ƙalilan ne ke da kaso mafi tsoka, to farashin yana tafin hannunsu. Kada kuma yawan cinikin da ake nunawa ya ruɗe ka, domin mutum ɗaya yana iya saye da sayarwa tsakanin asusunsa daban-daban don kasuwar ta yi kamar tana ci.

Idan har ka ƙudurta saye, fara da ɗan kaɗan, ka gwada sayar da shi nan take. A watan Nuwamba na 2021 sulallan SQUID ya haura dala 2,800, amma an tsara shi ta yadda masu saye ba sa iya sayarwa, har waɗanda suka ƙirƙire shi suka kwashe kuɗin suka ɓace.

Duk wanda ya yi maka alƙawarin riba tabbatacciya a kullum, musamman idan akwai lada ga wanda ya kawo sabon mutum, to da kuɗin sababbi yake biyan tsofaffi. A haka shirin zuba jarin kirifto na BitConnect ya rushe a Janairun 2018. Wani shirin kirifto mai suna OneCoin kuwa ko blokcen na gaskiya bai mallaka ba, shugabarsa Ruja Ignatova kuma ta yi ɓatan dabo tun 2017. Ni a ganina, hoton da ka gani a rukunin hira na ribar da wani ya cire ba hujja ba ne, domin da irin wannan ɗan biyan na farko ake ɗana tarkon.

Kalmomin sirrin walat ɗinka, 12 ko 24, waɗanda su ne mabuɗin kuɗinka, ka rubuta su a takarda ka adana, kada ka shigar da su a wani shafin da aka turo maka, domin babu ma'aikacin kamfanin gaskiya da zai nemi su. Idan kuma an riga an damfare ka, ka kai rahoto ga dandalin da ka yi cinikin da kuma hukumar da abin ya shafa, sannan ka yi hattara da masu tuntuɓarka da sunan za su dawo maka da kuɗin idan ka fara biyan wani abu, domin galibi damfara ce ta biyu.