Yadda Za Ka Ƙaga Ilimin da Ke Danganta Ganin Launi da Sanin Daidai

Idan kana son saka irin wannan ƙagaggen ilimi a labarinka, ka fara da abin da ya tabbata. Idon ɗan Adam yana da ƙwayoyi iri 3 masu karɓar launi, kuma akwai mutanen da ba sa bambance ja da kore, matsalar da masanin kimiyya ɗan Ingila John Dalton ya bayyana game da kansa a 1794. Daga nan ka sa masanan labarin su ƙetare iyakar kimiyya, su ce yadda idanu suka saɓa a kan launi haka zukata suka saɓa a kan daidai da kuskure, don haka babu mai ikon hukunta wani.

Ka ba su kayan aiki, misali hotuna masu ɗigo-ɗigon launuka irin na gwajin Ishihara na 1917 da ake gano matsalar bambance launi da shi, waɗanda alƙali zai nuna wa ɓarawo kafin shari'a. A ganina nan ne labarin zai yi armashi. Sai dai ka bar ɓaraka guda: na'ura tana auna haske ko da idanu sun saɓa, saboda haka ka samar da ɗalibar da za ta tambayi malamanta da me za a auna zalunci.