Darasi na Tara: Idan Sakacin Helma Ya Jawo wa Ma'aikacin Jirgin Ƙasa Rauni, Wa Zai Biya?

A filin da ake haɗa taragu, ma'aikaci yakan shiga tsakanin tarago biyu ya saƙala ƙugiya, ya haɗa tiyon birki. Direba ba ya hango shi daga kan jirgi, tutar helma kawai yake kallo. Idan helma ya ba da hannu tun mutumin bai fito ba, taragu za su matse shi. Haka in aka tura leburori gyaran layin dogo ba a kafa jar tuta ba, ko ba a sanar da tasha cewa akwai mutane a kan layi ba. Ma'aikacin ya bi umarni ne, sakacin daga na sama da shi ya fito.

A nan ake yawan cutar da marasa ƙarfi. Sai a ce wa mai rauni, "Ai laifin helmanku ne, ba ruwan kamfani." Wannan magana tsohuwa ce. A 1842, a jihar Masacusets ta Amurka, wani direban jirgi mai suna Nicholas Farwell ya kai ƙara bayan ƙafar tarago ta murƙushe masa hannu, saboda mai canza layi ya bar layin ba daidai ba. Kotu ta hana shi diyya, wai wanda ya yi sakacin abokin aikinsa ne. A 1884 Kotun Ƙolin Amurka ta ce kwandastan da ke shugabantar jirgi wakilin kamfani ne, sakacinsa na kamfani ne. A 1908 aka yi dokar tarayya da ta ɗora wa kamfanonin jirgin ƙasa alhakin sakacin ma'aikatansu, manya da ƙanana. Hakan ne daidai, domin kamfani ne ya zaɓi helma ya ba shi iko, lebura kuwa in ya ƙi bin umarni korar sa za a yi.

A Najeriya ma an toshe wannan ƙofa. Sashe na 12 na Dokar Ƙwadago ya ce mai ɗaukar ma'aikata ba zai kare kansa da cewa mai sakacin da mai raunin duk yaransa ne ba. Sannan akwai Dokar Biyan Diyyar Ma'aikata ta 2010, wadda hukumar inshorar ma'aikata ta NSITF ke gudanarwa. Mai ɗaukar ma'aikata yana zuba kashi 1 cikin 100 na jimillar albashin da yake biya, kuma an hana shi cire kuɗin daga albashinka. A ƙarƙashin wannan doka ba sai ka tabbatar da laifin kowa ba. Abin nema shi ne raunin ya same ka a bakin aiki.

Abin da ke kayar da mutane shi ne jinkiri. Ka sanar da wurin aikinka cikin kwana 14. In kana kwance, iyalinka su yi. A rubuta sunanka, rana, lokaci, wurin da abin ya faru, irin raunin da sanadinsa, ka riƙe kwafi. Kada ka tsaya ga gaya wa helma da baki, domin wanda ya yi sakaci ba zai so labarin ya kai ofis ba. Su kuma masu wurin aikin wajibi ne su kai rahoto ga hukumar NSITF cikin kwana 7. Takardar neman diyya a shigar da ita kafin shekara ta cika.

Ka adana katin asibiti, hoton ƙashi da rasiɗin magani, ka rubuta sunayen waɗanda suka ga abin tun ba a sauya musu tasha ba. Wanda ya naƙasa gaba ɗaya har abada, doka ta ba shi kashi 90 cikin 100 na albashinsa duk wata. Saboda haka in an miƙo maka 'yan kuɗi da takardar yafe haƙƙi, kada ka dangwala yatsa. Ka kai takardar ga wakilin ƙungiyar ƙwadago ko lauya ya karanta maka, domin dokar ba ta amince da irin wannan yarjejeniya ba.