Kada ka ce "na yafe" kana kwance a gadon asibiti

Na sha zuwa dubiya asibitocin Jidda da Makka, kuma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne yadda mutanenmu ke zubar da haƙƙinsu tun jini bai bushe ba. Mota ta buge bawan Allah, direba ya zo da danginsa da kwandon dabino, ana ta ba da haƙuri, sai kawaici ya kama mai jinya ya ce, "Ƙaddara ce, na yafe." Kafin ya ankara an kawo takardar tanazul, wato ta janye neman haƙƙi, ya dangwala. Wani ɗan'uwanmu haka ya yi. Bayan wata bakwai likita ya gaya masa gwiwarsa ba za ta ƙara lanƙwasuwa ba, ga shi aikinsa dako ne.

Yafiya alheri ce, amma ka san abin da kake yafewa, ka kuma san wa kake yafe wa. A Saudiyya inshorar mota tilas ce. In direban yana da ita, kamfanin inshora ne zai biya, ba aljihunsa ba. Ka ga kyautar da ka yi, kamfani ka yi wa. In an matsa maka, amsar gajeriya ce: "Yallaɓai, ba ni da riƙo a zuciya, amma sai likita ya gama magana."

Dalilin jiran kuwa a fiƙihu yake: ba a ƙiyasta arshi, wato diyyar rauni, sai raunin ya warke an ga inda ya tsaya. Tun 2011 diyyar kisan kuskure ta namiji Musulmi riyal 300,000 ce, kuma daga ita ake lissafin gaɓoɓi. Hannu ɗaya, ko ƙafa, ko ido, rabin diyya ne, wato 150,000. Yatsa ɗaya 30,000, haƙori 15,000. Wanda ya rasa ji ko gani baki ɗaya, ko hankalinsa ya gushe, diyya cikakkiya ce. Gaɓar da ta shanye tana nan a jiki ma tana da nata lissafin. Duk wannan ba ya fitowa a makon farko, shi ya sa wanda ya karɓi dubu biyar "na magani" ya sa hannu ya yi asarar da ba ta da misali.

Kuskure na biyu a bakin titi ake yinsa. Saboda tsoron maganar igama, wato takardar izinin zama, sai 'yan'uwa su sure mai rauni su yi gida da shi wajen mai ɗori. Ina fahimtar wannan tsoro, na san abin da ke jawo shi. Sai dai hatsarin da ba a rubuta ba, a idon hukuma bai faru ba. In akwai rauni a kira motar asibiti a 997, sannan murur, wato 'yan sandan hanya, a 993. Najm, kamfanin da ke duba hatsarin motoci masu inshora, aikinsu hatsarin da ƙarfe kawai ya lalace. Rahoton murur ne ke raba laifi kashi-kashi, kuma da shi ake rage diyya: in an ɗora maka kashi 50, rabin arshinka ya tafi. Sa wani mai Larabci ya karanta maka shi, in ba ka gamsu ba ka shigar da ƙorafi nan take, don wa'adinsa gajere ne.

Takardar sallama daga asibiti ba ita ce hujja ba. Abin da alƙali ke dubawa rahoton ƙarshe ne, wanda ya ambaci kowace gaɓa da yawan nakasar da ta samu. Nan ma kunya na cutar da mu. Mutum ya daina riƙe fitsari, ko jinsa ya ragu, ko mazakutarsa ta taɓu, ya yi gum a gaban likita, alhali kowanne yana da arshinsa. Faɗa, a rubuta.

Masu aiki a kamfani kuma suna manta ƙofa ta biyu. Hatsarin hanyar zuwa aiki ko dawowa ana ɗaukarsa raunin aiki a hukumar ta'aminat, wato ta inshorar ma'aikata, har ga baƙi, muddin an yi musu rajista. Sanar da mai aikinka cikin kwana bakwai. Direban gida da 'yar aiki ba sa cikin wannan tsari.

In kamfanin inshora ya yi ta jan ƙafa, akwai kwamitocin warware rikicin inshora, akwai kuma kotu ta Najiz, shafin intanet na ma'aikatar shari'a. Abin da nake roƙo shi ne kada kafil, ubangidan da ya ɗauki nauyin zamanka, ya lallaɓe ka da tikitin huruj, wato na barin ƙasar, ka koma Kano ko Maraɗi fayil yana buɗe. In tafiyar ta zama dole, rubuta wakala, wato takardar wakilci, a hukumance ga wanda ka amince da shi, ka bar masa kwafin rahoton murur da na likita, kai kuma ka tafi da na asali.