Yadda za ka gane ko rele ɗin famfon mai ne ya mutu kafin a sauke maka tanki

Bazarar bara cikin watan Afrilu ina dawowa daga Mirriya na tsaya bakin hanya na yi sallar la'asar, na dawo na murɗa kile, demarer na ta juyawa da ƙarfinsa amma mota ta ce sam. Sai da aka jawo ni da igiya har cikin gari. Garajin da aka kai ni ko minti biyar ba su yi suna dubawa ba suka ce famfon mai ne, na yarda, aka cire kujerar baya aka buɗe tanki aka sa wani famfo, mota ta tashi na biya na tafi. Kwana uku tsakani ta sake yi min irin ta gaban kasuwar Dole da tsakar rana. Wani dattijo mai gyaran wutar mota ne ya zo ya buɗe kapo, ya zare wani ɗan baƙin abu da bai kai akwatin ashana girma ba, ya ɗauko na kilakson ya sa a gurbinsa, ya ce malam tada. Bugu ɗaya ta tashi. Wallahi har yau in na tuna famfona na asali mai lafiya da aka cire aka yar sai raina ya ɓaci, shi ya sa nake son duk mai mota ya iya wannan gwajin da hannunsa.

Shi wannan ɗan abin sunansa rele, ƴan'uwanmu na Najeriya su ce rile. Aikinsa kamar mai gadin ƙofa ne tsakanin batir da famfo. Famfon da ke cikin tanki yana jan wuta da ɗan dama, amfa 4 har zuwa 10 gwargwadon mota (amfa shi ne ma'aunin yawan wutar da abu ke ja), to ba a son wannan wutar ta bi ta makunnin kontak ko ta cikin kwamfutar mota. Sai aka yi dabara: cikin rele akwai siririyar wayar tagulla a nannaɗe, kwamfuta na ba ta ƴar wuta kaɗan sai ta zama maganaɗisu ta jawo wani ɗan ƙarfe ya haɗe, shi ne ƙas ɗin nan da kake ji, daga nan babbar wuta ta wuce zuwa famfo. Duk tada mota sai ya haɗe ya rabu, kuma duk rabuwa da ɗan tartsatsi, shekara da shekaru bakin ƙarfen ya ƙone ya yi baƙi. Ga zafinmu na Damagaram da ke haura digiri 40 a inuwa balle ƙarƙashin kapo, ga ƙurar hunturu da ba inda ba ta shiga. Shi ya sa yawanci ba ya mutuwa lokaci ɗaya, da safe mota ta tashi lafiya, in ta yi zafi ka kashe ta sai ta ƙi, ka bar ta ta huce rabin awa ta tashi kamar ba ita ba. Wani lokacin ma kana cikin tafiya ta ɗauke ɗif. Tsofaffin Honda sun yi suna da wannan, dalmar cikin babban rele ɗinsu ce ke tsagewa, da mota ta sha rana sai ta ƙi tashi.

Amma fa in motarka mai kabireta ce wadda inji ke kaɗa famfonta, ko tsohuwar Hilux mai gazuwal, wannan bayanin ba naka ba ne, ba ka da wannan rele ɗin. Magana ake ta motoci masu injekta.

To kafin komi, ajiye mota a fili inda iska ke kaɗawa, ja birkin hannu, fitar da giya, kuma don Allah kar a sha taba kusa, kar a yi aikin gefen mai shayi ko teburin ƴan ruwa-ruwa. Ka tabbatar akwai mai a tanki, kar ka yarda da allurar tablo kaɗai don da yawa ƙarya suke. Batir ma ya kasance da ƙarfi, mai lafiya yana ba da bolt 12.6 in mota na kashe.

Mataki na farko kunne ne, ba ya cin ko dala. Kashe rediyo da kilim, ka sa wani ya buɗe murfin tanki ya kara kunnensa, ko ya saurara wajen kujerar baya, kai kuma ka murɗa kile zuwa inda fitilun tablo ke kamawa amma kar ka tada. A yawancin motoci za a ji ƙugi siriri na daƙiƙa 2 ko 3 sai ya yi shiru, famfo ne ke cika layi da mai. In an ji shi to rele ya yi aikinsa a wannan karon. Sai dai a nan ne mutane ke yin kuskure da Toyota, kuma ita ce ta cika garin nan: tsofaffin Corolla da Carina da Starlet da yawa famfonsu ba ya motsi da kontak kawai sai demarer na juyawa, saboda haka shirun da ka ji a irinsu ba hujja ba ne tukuna, sai an saurara lokacin da ake tadawa.

Na biyu, nemo akwatin fizibil, wato fis ɗin da ke tsinkewa in wuta ta yi yawa, rele ɗin ma yawanci nan yake zama. Yawanci ɗaya na ƙarƙashin kapo kusa da batir, ɗaya na cikin mota ƙasan sitiyari ko bayan ɗan akwatin da ke gaban fasinja. Juya murfin za ka ga zane a cikinsa. Ka nemi inda aka rubuta FUEL PUMP ko F/PMP ko FP, a Toyota kuma sau da yawa C/OPN suke rubutawa, kuma akwai wani rele mai suna EFI da ke ba shi wuta, in EFI ɗin ya mutu shi ma na famfo ba zai yi aiki ba. Kafin ka zare komi ɗauki hoto da wayarka, ka ji ni, don in ka zare uku huɗu sai ka rasa wane ne na ina.

Fara da fizibil ɗin famfo tun da shi ya fi sauƙi. Zare shi ka ɗaga wa rana, in ɗan ƙarfen tsakiya ya tsinke to ya ƙone. Mayar da mai lamba irin tasa, shuɗi 15 ne rawaya 20. Abin nan da ake yi na naɗa waya ko takardar kwalin sigari a gurbin fizibil, ni na ga motar da wayoyinta suka narke a kan haka. In ka sa sabo ya sake ƙonewa nan take, tsaya, akwai wayar da ke taɓa jikin mota ko famfo ya cije, ba maganar rele ba ce.

In fizibil lafiya sai dabarar dattijon nan, musanya. Duba cikin akwatin za ka ga wani rele mai kama da shi sak, na kilakson ko na fitila. Kar ka tsaya ga kamar jiki kawai, juya su biyun ka ga yawan ƙafafu ɗaya ne, jerinsu ɗaya, zanen da ke jikinsu da lambar amfa ɗaya. Kashe kontak, girgiza shi a hankali kana ja sama, kar ka ɓanɓare shi da turnabis ka fasa gurbin. Na fi son na kilakson saboda gwaji biyu kake yi a lokaci guda: ka danna kilakson tun farko ka ji yana kuka, ka musanya, in mota ta tashi kilakson kuma ya yi shiru ko yana yi yana yankewa, magana ta ƙare, rele ne. A hakan ma za ka iya lallaɓawa har gida.

Wasu na ɗora yatsa a kansa a murɗa kile, in sun ji ƙas sai su ce lafiyarsa lau. A'a. Ƙas ɗin na nufin maganaɗisun ya ja ne kawai, bakin ƙarfen na iya zama a ƙone wuta ba ta wucewa. Nawa ma yana ƙas ɗinsa har ranar da aka cire shi.

In kana da mita ta awon wuta, ko za ka iya arowa wajen mai gyaran rediyo ko mai sola, ga yadda ake tabbatarwa. Ƙasan rele akwai ƙananan lambobi gefen kowace ƙafa. 85 da 86 su ne na nannaɗaɗɗiyar wayar, 30 nan wuta ke shiga, 87 nan take fita zuwa famfo, mai ƙafa biyar yana da ƙarin 87a. A ƙanana irin na motocin Japan za ka ga 1 da 2 maimakon 85 da 86, sai 3 da 5 maimakon 30 da 87. Sa mita a kan om, wato awon yadda waya ke tare wuta, ka auna tsakanin 85 da 86, mai lafiya yakan ba da 50 zuwa 120, in bai nuna komi ba wayar ciki ta tsinke. Sannan ka ɗauko waya biyu daga batir, mai wuta a 86, ta mas (gefen batir da ke haɗe da jikin mota) a 85, kar ka juya su don wasu na da diyod a ciki, wani ɗan abu mai barin wuta ta bi hanya ɗaya kawai, da ke ƙonewa. Zai yi ƙas, yana riƙe a haka ka auna tsakanin 30 da 87, ya kamata ka ga kusan sifili. In lamba na hawa tana sauka, ko ka ɗan ƙwanƙwasa shi ta canza, yar da shi. Kuma tun da zafi ne ke tona asirinsa, bar shi a haɗe ƴan mintuna ya ɗumama ka sake aunawa.

To in rele ya ci jarabawa fa, kuma famfo shiru? Sai a koma ga gurbin da yake zama. Da fitilar gwaji ko mita, ramin 30 dole a samu wutar batir, a wasu motocin kullum, a wasu sai an buɗe kontak. Ramin 86 ma wuta in kontak na buɗe. Ramin 85 yawanci kwamfuta ce ke ba shi mas na ƴan daƙiƙun nan ko lokacin da inji ke juyawa. Daga nan sai gwajin gada: ɗauko guntuwar waya mai kauri, in da hali mai fizibil a tsakiya, ka haɗa ramin 30 da ramin 87. Ka duba sau biyu kafin ka soka, don in ka kai wutar batir ramin da ke zuwa kwamfuta za ka iya ƙona ta, kuɗinta kuwa ya ninka na famfo. In famfo ya yi ƙugi, shi da wayarsa lafiya, matsalar tana wajen umarnin da ba ya zuwa. In shiru ne duk da wuta na isa, yanzu ne ya halatta a je wajen tanki, can ma a fara duba fish ɗin da ke kan tankin, wato inda wayoyin famfo ke haɗuwa, da wayar mas kafin a yanke wa famfo hukunci. Masu tsohuwar Toyota an sauƙaƙa muku, akwai ɗan akwati a ƙarƙashin kapo da aka rubuta DIAGNOSIS, ka haɗa FP da +B ka buɗe kontak, famfo zai tashi ba tare da ka zare komi ba.

In umarnin ne ba ya zuwa, abubuwan da aka fi samu su ne na'urar da ke gaya wa kwamfuta inji na juyawa ta mutu, ko mota ba ta gane kile ba sai ka ga ƴar fitilar kile na ƙyaftawa a tablo. Wasu Peugeot da Ford kuma suna da maɓallin da ke yanke wutar famfo in mota ta bugu, mummunan rami a hanyar Tanut ko ta Magarya na iya tada shi, danna shi kawai ake ya koma. In aka sa mata na'urar bincike ta nuna P0230, layin rele ɗin nan take nufi.

Nan ina da magana da masu gyaranmu. Wannan gadar ta gwaji ce ta minti ɗaya, amma sai ka ga an bar wa mutum ita dindindin, ko an jawo waya kai tsaye daga kontak an ce an yi direk. Ba banza masu ƙera mota suka sa kwamfuta ta riƙe famfo ba, so ake in inji ya tsaya famfo ya tsaya. Allah ya kiyaye a yi hatsari tiyo ya fashe, famfon da aka yi wa direk zai ci gaba da feso mai da ƙarfin bar 3 a kan inji mai zafi da mutane a ciki. Kar ka yarda a yi maka, ko da an ce kowa haka yake yi.

Canzawar ita ce mafi sauƙi. Tafi da tsohon a aljihunka wajen masu kayan mota ka ɗora shi gefen sabon ka gwada ƙafafu da lambobi. Ni dai in zan zaɓa, na fi yarda da na asali na kas, wato wanda aka ciro daga tsohuwar mota, irin Denso ko Bosch a kan sabon da ba shi da suna mai sauƙi kamar fanko, amma ko wanne ne a gwada shi a gabanka. Kashe kontak ka zare kile, leƙa cikin gurbin, in ka ga tsatsa kore ko ƙura ka goge ka hure, in roba ta narke ko ramin ya saki sai an gyara shi tukuna, in ba haka ba sabon ma zafi zai yi ya bi sahun tsohon. Daidaita ƙafafun ka danna har ya zauna daram. Buɗe kontak ka rufe sau biyu ko uku mai ya cika layi sannan ka tada. Masu Peugeot 406 naku dogo ne mai rele biyu a haɗe, gaba ɗaya ake canza shi, a 307 kuwa yana manne cikin akwatin fizibil na kapo ba ya zaruwa, wannan kai wa mai wuta.

Bayan ta tashi bar ta ta yi minti goma tana aiki ka taɓa rele ɗin, ɗumi ba komi, amma in ya yi zafin da ba ka iya riƙe yatsa to famfo na jan wuta fiye da ƙima. Yawanci filtar mai ce ta toshe da dattin man kwalba, ko famfon ya gaji saboda yawo da tanki a bushe, lita biyu yau lita uku gobe, alhali man da yake nutse a ciki shi ke sanyaya shi. Canza filta, ka daina barin allura na kwanciya ƙasa, masu wanki kuma ka hana su watsa ruwa kan akwatin fizibil. Sai ka sayi rele biyu, ɗaya a mota ɗaya a naɗe cikin leda tare da fizibil na 15 da na 20, musamman in kana bin hanyar Gure ko Agadas inda za ka yi tafiya mai nisa ba ka ga garaji ba.