Yadda ake zama mai binciken ciwon daji a jami'a

Wanda yake son ya zama masanin ƙwayoyin halitta mai binciken ciwon daji ya kamata ya san cewa tsakanin digirin farko da ranar da zai buɗe ɗakin gwajinsa na kansa akan shafe shekara goma ko fiye. Ba zan tsaya kan darussan aji ba, domin ba a can na ga ɗalibai suna faɗuwa ba.

Da farko, ka nemi shiga ɗakin gwaji tun kana digirin farko, ko da aikinka bai wuce haɗa ruwan sinadarai ba. A can za ka koyi PCR, wato dabarar ninka ɗan guntun DNA da Kary Mullis ya ƙirƙiro a 1983, ka kuma koyi rainon ƙwayoyin halitta a zafin digiri 37. Ka haɗa da karatun tarihin fannin: yadda masanan Amurka Bishop da Varmus suka nuna a 1976 cewa ƙwayoyin gadon da ke haddasa cutar sun samo asali ne daga lafiyayyun ƙwayoyin jiki, da yadda aka gano p53, wani furotin da ke taimakawa wajen hana ƙwayoyin jiki zama ciwon daji, a 1979.

Na biyu, idan za ka shiga digirin digirgir, ka zaɓi malamin da zai duba aikinka kafin ka zaɓi jami'a. Ka tuntuɓi ɗaliban da suka gama a hannunsa, ka tambaye su shekara nawa suka yi, kuma sau nawa yake zama da su ya duba sakamako.

Mataki na uku shi ne wanda ya ci ni, kuma a kansa zan daɗe. Kafin ka yi gwaji ko ɗaya, ka tabbatar cewa ƙwayoyin da aka miƙo maka su ne abin da aka rubuta a jikin kwalbar. Ni an ba ni wata 'yar kwalba daga tankin daskarewa, rubutun alƙalamin jikinta ya soma gogewa, na karɓa ban yi tambaya ba. Na yi wata goma sha huɗu ina aiki da ita a matsayin ƙwayoyin ciwon dajin mama, sai gwajin tantancewa ya nuna HeLa ce, wato ƙwayoyin dajin bakin mahaifa da aka ɗauka daga jikin Henrietta Lacks a 1951. Saurin yaɗuwarsu ya sa ɗigo ɗaya a bakin bututu ya isa su mamaye farantin da ake rainon wasu ƙwayoyin dabam. Tun 1966 masanin ƙwayoyin gado Stanley Gartler ya yi gargaɗi kan wannan matsala, amma har yau sababbin shiga suna afkawa cikinta. Saboda haka ka aika samfur a yi masa gwajin STR, wato tantance asalin ƙwayoyin ta hanyar DNA ɗinsu, ranar da ka karɓa, ka duba ko ƙwayar cutar maikoplasma ta shiga aƙalla sau ɗaya a wata, kada kuma ka taɓa buɗe nau'in ƙwayoyi biyu a lokaci guda. Kuɗin tantancewar bai kai komai ba idan aka kwatanta da sinadaran da na ƙona a banza. Littafin aikinka kuwa ya zama na takarda, da biro, da kwanan wata a kowane shafi. Ban yarda da wanda yake cewa zai rubuta daga baya ba.

Idan kuɗin gwaji ya yi ƙaranci, akwai hanyar rage wahala: bayanan shirin TCGA na Amurka kan ƙwayoyin gadon masu cutar, waɗanda suka ƙunshi nau'in ciwon daji 33, galibinsu a buɗe suke a intanet, kuma za ka iya jarraba hasashenka a kansu kafin ka taɓa faranti.

Daga nan sai ka fitar da maƙala aƙalla ɗaya wadda sunanka ne a farko, ka koma wani ɗakin gwajin don aikin bayan digirgir, ka koyi wata dabara dabam, ka fara neman tallafin bincike da sunanka. Ranar da jami'a ta ba ka naka ɗakin, dokar farko da za ka liƙa a jikin tankin ita ce kada kwalba ta shiga sai da takardar tantancewarta.