Precount: ƙirgan da ake yi tun da wuri, da inda muke tuntuɓe a kansa

Ranar da na fara cin karo da kalmar precount ina riƙe da littafin sito ne a wani kamfani da ke sayar da taki da siminti. Takarda ta zo daga masu binciken kuɗi, layi ɗaya tak: "Please send the precount before Thursday." Yaron da ke taya ni aiki, wanda Turancinsa ya fi na yawancinmu a wurin, ya karanta ya ce, "Oga, ai mai sauƙi ne, so suke mu kintata musu abin da za su tarar." Ya buɗe littafi, ya haɗa abin da ya shigo, ya cire abin da ya fita, ya rubuta buhu 400 ya aika. Ran Alhamis mutanen suka iso, aka sa lebura suka sauke jerin buhuna ɗaya bayan ɗaya, aka sami 372. Babu wanda ya ɗauki ko mudu. Wata mota ce ta yi lodi ran Asabar ba a shigar da ita littafi ba. Amma tunda takardarmu ta ce mun ƙirga, sai maganar ta koma ta buhu 28 da suka ɓace tsakanin Talata da Alhamis, muka shafe kwana uku muna wanke kanmu.

Tun daga nan na riƙe kalmar da kyau, kuma na lura kusan duk wanda ya ɓata ta a wuri ɗaya yake ɓata ta.

Gutsure biyu ne aka haɗa. Pre daga Latin ta zo, inda take prae, ma'anarta kafin ko gaba. Count kuwa ƙirga ce. Don haka precount na nufin a ƙirga abu kafin wani lamari ya zo, kuma tana aiki a matsayin suna, wato shi ƙirgan da aka yi ɗin. Ba kalma ce ta hira ba. Za ka iya shekara kana sauraron rediyon Turanci ba ka ji ta ba, kuma ƙananan ƙamus na makaranta ba sa damuwa da ita, domin duk wanda ya san pre ya san count zai iya gane ta da kansa. Inda take rayuwa shi ne wuraren aiki: sito, kantin magani, banki, ɗakin tiyata.

Babban kuskuren shi ne wanda yarona ya yi, ɗaukar precount a matsayin kintace. Tunanin mutum yakan tafi haka: tunda pre kafin ce, to ana nufin a faɗi adadi kafin a san shi. Ba haka ba ne. Count ɗin da ke cikin kalmar tana nan da nauyinta. Sai kaya suna gabanka, ka sa hannu, ka ce ɗaya, biyu, uku. Lokacin yin ƙirgan ne kawai aka jawo gaba, amma ƙirgan kansa na zahiri ne. In abin bai wanzu ba tukuna, ko yana nan amma ba ka je kansa ba, Turanci na da wasu kalmomi dabam. Estimate ita ce kiyasi, kamar manomi ya dubi gona ya ce za ta ba da dami hamsin. Forecast da predict hasashe ne, irin na masu duba yanayin damina. Project kuma ita ce a ɗora lissafi a kan abin da ya wuce a ce ga inda za a kai. Wanda ya rubuta "We precounted that 500 guests will come" ya yi ikirarin ƙirga baƙin da ba su fito daga gidajensu ba. Gyaransa "We estimated that 500 guests would come." Kujerun da aka jera musu kuwa, waɗannan ana iya cewa "We precounted the chairs", domin suna nan a fili. Gwajin da nake ba ɗalibai shi ne su tambayi kansu: zan iya taɓa abin da yatsa yanzu? In amsar a'a ce, a ajiye precount.

Wannan ruɗanin ne ke sa wasu jawo kalmar cikin karin maganar nan ta Turawa da ke hana ƙirga 'yan tsaki kafin ƙyanƙyasa, su ce "don't precount your chickens". Ba a faɗin haka. Karin magana ba a taɓa mata kalmomi, kamar yadda ba za ka ji Bahaushe ya ce ƙwai a baka ya fi zabuwa a akurki ba. Ban da haka ma, 'yan tsakin da ke cikin ƙwai ba su kai a ƙirga su ba.

Sai tambayar da kalmar ke ɗauke da ita kullum: kafin me? Pre ba ta tsayawa ita kaɗai, tana jingina ne da wani lamari da ke tafe. Mun saba da wannan a mitar wuta ta prepaid, ka biya kafin ka sha. Precount ma haka take, akwai wani babban ƙirga ko wani aiki da ke zuwa, wannan share fage ne. Inda na fi ganin ma'anar ta fito sarai shi ne ɗakin tiyata. Kafin likita ya sa wuƙa, ma'aikatan jinya biyu sukan tsaya kan tire, ɗaya tana ɗaga kaya ɗaya tana kallo, suna ƙirgawa da murya: almakashi nawa, allura nawa, ƙyallen tsane jini nawa. Ƙyallayen sukan zo a ƙunshe biyar-biyar ko goma-goma daga masana'anta, an riga an ƙirga su, wato precounted, duk da haka sai an warware ƙunshin an raba su ɗaya-ɗaya an sake tabbatarwa. A rubuta adadin. Kafin a ɗinke sai a sake ƙirgawa, in lissafi bai yi daidai da na farko ba to akwai abin da ya rage a cikin mutum ko ya faɗi ƙasa, sai an nemo shi. Jerin matakan kiyaye lafiyar tiyata da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2008 ya sa tabbatar da wannan ƙirge cikin abin da za a yi kafin a fitar da majiyyaci daga ɗakin. Ka ga da ƙirgan farko kiyasi ne, da na ƙarshen ba shi da abin da za a gwada shi da shi. Don haka in ka rubuta "I precounted my money yesterday" alhali babu wani abu da kake shiryawa, ƙirga kuɗinka kawai ka yi, "I counted" ta wadatar. Wasu suna zaton pre alama ce ta abin da ya wuce, su riƙa manna ta duk inda suke nufin jiya. Aikin -ed ke nan, ba nata ba.

Akwai kuma masu ninka ma'ana: "precount it beforehand", "precount in advance", har da "precount it first before". Kamar ka ce riga-kafin tun da wuri kafin lokaci. Ɗaya ya isa. Ko ka ce "precount the tablets", ko ka ce "count the tablets beforehand".

Rikicin precount da recount ya cancanci a ɗan zauna a kansa, domin recount kalma biyu ce a riga ɗaya. Ta farko sake ƙirga ce, bayan an riga an yi aka sami gardama. Wanda ya bi zaɓen Amurka na 2000 ya ji ta har ta ishe shi: a jihar Florida ƙuri'a 537 ce ta raba George Bush da Al Gore, aka yi ta sake ƙirga da shari'a har Kotun Ƙoli ta yanke magana ranar 12 ga Disamba. Ta biyu kuwa ba da labari take nufi, "he recounted his journey", ya ba da labarin tafiyarsa. Saboda haka ne masu kula da rubutu sukan sa karan ɗori a ta farko, re-count, don a bambance. Precount tana gaba da aiki, recount tana bayansa, kuma precount ba ta da wata ma'ana ta ba da labari ko kaɗan.

Abin sha'awa shi ne yadda ƙirga da labari suka zama 'yan gida ɗaya a waɗannan harsuna. Count ta shigo Turanci daga tsohon Faransanci, conter, ita kuma daga Latin computare, wadda ta haifi compute da kwamfutar da muke dannawa. Faransanci ya raba kalmar gida biyu, compter ƙirga, conter ba da labari. Turanci ma yana da tasa ta gado, tell, wadda a da take nufin ƙirga. Shi ya sa mai ƙirga kuɗi a kantar banki sunansa teller, haka ma 'yan majalisar da ke ƙirga ƙuri'u a majalisar dokokin Birtaniya. Na kawo wannan ne saboda tarkon da ke ciki. Wani mai son asalin kalmomi zai ce, tunda fore ita ce kafin a tsohon Turanci, tell kuma ƙirga, to foretell daidai take da precount. Ginin iri ɗaya ne, amma ma'ana ta daɗe da rabuwa. Foretell a yau faɗin abin da zai faru ne, aikin masu duba. Asalin kalma yana gaya maka inda ta fito, ba ya gaya maka abin da take yi yau.

Wata da ake cuɗanyawa da ita ita ce prenumbered. Littafin rasit da ka sayo ka tarar an buga lamba a kowane shafi, 001, 002, 003, prenumbered ne, an sa masa lamba tun da wuri. Rafar kuɗi da aka ɗaure takarda ɗari-ɗari kuwa precounted ce. Sa lamba daban, sanin adadi daban. Countdown ma ba ta shiga nan, ita ƙirga ce ta baya-baya zuwa sifili. Haka nan count on, wadda ke nufin dogara ga mutum, ba ta karɓar pre. "I precounted on you" ba Turanci ba ne.

A wajen furuci, matsalarmu ta gida ce. Harshenmu bai raba p da f kamar yadda Turanci ya raba ba, shi ya sa kalmar kan fito frecount, wani ma har ya rubuta ta haka. Ka haɗe leɓɓa biyu gam sannan ka sake su da ɗan iska, kamar a prepaid da present. Kada kuma a cusa wasali tsakanin p da r ta koma firikawun. Wajen ƙarfin murya tana bin sawun recount ta sake ƙirga: in suna ce a danna gaɓar farko, in aikatau ce a danna ta biyu. A rubutu za ka ga precount, za ka ga pre-count, duka suna yawo. Zaɓi ɗaya ka tsaya a kai har ƙarshen takarda. Abin da ba ya yiwuwa shi ne raba su da fili, pre count, domin pre ba kalma ce mai zaman kanta ba. Sauran siffofinta ba su da wata gargada: precounts, precounted, precounting.

Ra'ayina a kan amfani da ita shi ne a bar ta inda take da aiki. Na sha ganin ɗalibi ya tsinto baƙuwar kalma ya cusa ta a insha'in jarrabawar WAEC don a ce ya iya Turanci, mai makin kuma ya ja mata layi, ko don bai san ta ba ko don an sa ta inda ba ta zauna ba. A wasiƙa ko insha'i, "count beforehand" ko "count in advance" ba za su taɓa ba ka kunya ba. A wurin aiki ma akwai masu cewa "initial count" ko "preliminary count", kuma kowa zai gane. Amma in kana cike fom ɗin sito mai gurbi biyu, ɗaya na ƙirganku ɗaya na masu bincike, precount gajeriya ce kuma ta faɗi abin da ake so ba tare da kwana-kwana ba. In kuma kai aka aiko wa ita kamar yadda aka aiko mana, kada ka ji kunyar mayar da tambaya: ƙirga kuke so mu yi da hannu, ko abin da ke littafi kuke nema?

Masu fassara zuwa Hausa su ma su yi hattara, don na taɓa ganin an mayar da ita "hasashen adadi", wanda shi ne kuskuren farko ya sake dawowa ta wata ƙofa. Hausa ba ta manna ɗafi a gaban aikatau irin na pre, tana da tata hanyar, da kalmomi irin su "riga" da "tun" da "kafin". "The tablets are precounted" sai ta zama an riga an ƙirga ƙwayoyin. "Precount the bags" kuma a ƙirga buhunan tun kafin a zo. In suna ake buƙata, ƙirgan farko ko ƙirgan share fage sun isa. Mu a sitonmu, bayan abin da ya faru, sai muka ja layi a littafin muka raba shafi biyu, muka rubuta "na littafi" a hagu, "na hannu" a dama, kuma na daman kaɗai muke aikawa in an nemi precount.