Yadda ake riƙe ƙaramin rol har ya zama sana'a

Na haura shekara 20 ina fitowa a fim da wasan talabijin, kuma ban taɓa zama jarumi ba. Na yi direba, na yi ɗan sanda, na yi kawun amarya, na yi likitan da zai leƙo ya ce a yi haƙuri. Mutane kan tare ni a hanya su ce sun san fuskata, sunan ne ya ɓace musu. Ina son aikin nan, shi ya sa nake so kai mai shigowa ka kama shi da kyau.

Da farko, idan aka miƙo maka shafi biyu, roƙi a ba ka labarin gaba ɗaya ka karanta. Jarumi yana da awa biyu ya nuna ko shi wane ne, kai minti uku gare ka. Tambayi kanka: daga ina mutumin nan ya fito kafin ya buɗe ƙofar, kuma me yake nema a ɗakin? Ko mai kawo shayi akwai abin da ke ransa.

Daga nan sai ka nemo masa ɗabi'a guda ɗaya tak. Wata rana an ba ni maigadi, maganata ba ta wuce layi huɗu ba. Na tuna wani tsoho da na sani, wanda ba ya amsa tambaya sai ya juya makullai a tafin hannunsa, kamar yana auna nauyin mai tambayar. Na ari wannan. Da aka zo ɗauka, jarumin ya tambaye ni ko maigidan yana ciki, na juya makullan sau biyu, na dube shi, sannan na amsa. Darakta bai ce komai ba, amma ya sa aka matso da kyamara kan hannuna. Ɗaya ta isa. In ka haɗa ɗingishi da in'ina da tari, ka koma abin dariya, mutumin kuma ya ɓace.

Abin da ya fi ba sababbi wuya shi ne sauraro. Rabin aikinmu a fuska yake, lokacin da wani ke magana. Kada ka tsaya kana jiran layinka kamar mai jiran mota. Ji abin da aka faɗa maka kamar yau ka fara jin sa, ko da ɗauka ta tara ce. Kuma kada ka yi ƙoƙarin ƙwace fitowar daga hannun jarumi. Mai tace fim zai yanke ka, daraktan kuma ba zai sake kiranka ba.

Riƙe abin da ka yi. In da hagu ka ɗauki kofi a ɗaukar nesa, da hagu za ka ɗauka a ta kusa. Na taɓa mantawa, aka sake sin ɗin gaba ɗaya rana tana faɗuwa, kunyar ranar har yau ina jin ta. Zo da wuri, haddace layinka tun a gida, ka saba da zaman jira.

Za su ɗaure ka a rol iri ɗaya, wannan babu makawa. Ni ban ga abin ƙi ba a farkon tafiya, da shi ake saninka. Dubi Amrish Puri na Indiya: ya daɗe yana aikin ofishin inshorar ma'aikata yana wasan daɓe a gefe, sai da ya kusa shekara 40 ya samu shiga fim. Ya yi bos har ya fito a matsayin Mogambo, mugun fim ɗin Mr. India, a 1987, daga baya kuma ya koma uba mai tsauri, aka karɓe shi. A Amurka, Walter Brennan ya ci Oska, babbar kyautar fim ta can, a rukunin mataimakin jarumi sau uku, kan finafinan 1936 da 1938 da 1940.

Batun abinci kuwa, kada ka saki sana'ar hannunka da wuri. Aikinmu na kwana ɗaya ne ko biyu, wani watan kira uku, wani watan shiru. Ku yi maganar kuɗi da yawan kwanaki kafin ka sa kayan wasa, in da hali a rubuce. Sannan ka tara fitowarka mafi kyau a bidiyon da bai wuce minti biyu ba, ka ajiye a waya, don mai neman 'yan wasa ba ya da lokacin kallon fim sukutum saboda kai.